Kafin Wanka, Bayan Wanka

Zuwa ga Umma,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya. Ya ƙafar? Na san in na kira ki a waya, "me kika ce?" zai cinye rabin maganar, shi ya sa na ɗauko biro.

Umma, wani aiki ne ya shigo maɗaba'armu ya hana ni sakat. Kamfanin sabulun Auduga zai yi bikin tunawa da kafuwarsa, sun kawo mana tsofaffin tallansu mu buga manya-manya, irin waɗanda ake kafawa a bakin titi. Ni manaja ya ba gyaran hotunan a kwamfuta, in share tabo da layukan da tsufa ya yi wa takardun.

Na buɗe wanda suka ce shi ne babba. A hagu yarinya ce baƙa, fuska duk dauɗa, gashi a hargitse, riga a yage, tana kallon ƙasa. An rubuta "Kafin wanka". A dama yarinya fara tas, da kitso da sabuwar riga, tana dariya da sabulu a hannu. An rubuta "Bayan wanka". Can ƙasa kuma: "Auduga, mai mayar da baƙi fari."

Na ƙara girman ta hagun don in yi aikina, sai ga ɗan tabon nan na girarki. Umma, ke ce. Na daɗe ina jin wasu tsofaffi suna kiranki Kafin-Wanka, in na tambaya ki ce shirmen yara ne. Ta daman kuwa, ko daga barci na tashi na san wushiryar ƙanwarki, Inna Ƙarama.

Su kamfanin sun ɗauka yarinya ɗaya ce. Sun gaya wa manaja cewa sun gano ta, tana raye, ta amince a sake buga hoton, har za a ɗauke ta sabo ta halarci bikin. Ke dai na san ba wanda ya tambaye ki.

Abokan aikina sun taru a bayana suna ta dariya. Ɗaya ya ce da sabulun nan yana aiki haka, da tuni ya yi wa matarsa oda. Na tashi na shiga banɗaki na wanke fuska. An ce mu gama kafin ƙarshen wata mai zuwa. Ni ban san yadda zan zauna ina goge hoton nan don ya fito da kyau ba. Ki gaya mini abin da zan yi.

Ki gaida maƙwabta. Allah ya ƙara sauƙi.

'Yarki.

*

Mai Tawada,

Wa alaikis salam. Ƙafa da sauƙi in ban da hawa bene. Wasiƙarki ta iso, rubutunki har yau kamar tonon kaza. Tunda kin gani da idonki, ga yadda aka yi.

Kakanki direban kamfanin ne. Aka ce wani Bature ya zo ɗaukar hoton talla, ana neman yarinya. Ni aka shirya, ina shekara takwas, aka sa mini sabuwar rigata. Auta, Innarki Ƙarama, ta yi ta birgima sai ta bi mu, Baba ya ce a bar ta. Da muka shiga ɗakin, Baturen ya dube ni, ya dube ta, ya tafa hannu yana dariya. Tafinta ya gaya wa Baba cewa da yarinya ɗaya suke yi, sai su haskaka hoto na biyu a wurin wankin hoto, aiki ne mai cin lokaci. Mu kuwa ga fuska ɗaya, kala biyu, Allah ya hutar da su.

Aka cire mini rigar aka sa wa Auta, aka ɗaure bayan da fil don ta yi mata yawa. Ni aka ciro mini tsumma daga wani akwati. Wata mata ta warware mini kitso, ta goga mini gawayi a kumatu da goshi, kamar wanda Allah ya ba ni bai isa ba. An koya mini a gida cewa in za a ɗauki hoto murmushi ake yi, sai na yi ta yi. Tafintan ya daka mini tsawa har na yi kuka. Da na gama na sunkuyar da kai, nan suka ɗauka.

Ko wanke ni ba su yi ba, haka na koma gida, Baba na gaba da kwalin sabulu a ka. Kakarki ta fasa ɗaya ta cuɗe ni da shi. Gawayin ya fita, ni kuma ina nan yadda nake. Na tambaye ta me ya sa ni bai yi mini aiki ba. Ta ce in rufe ido kada kumfa ta shiga.

Aka kafa allon a mahaɗar hanyar da muke bi zuwa makaranta. Ya daɗe a wurin har ƙarfen ya yi tsatsa, sunan kuma ya fi allon daɗewa. Baba har ya koma ga Allah yana ganin gata ya yi mana, ban taɓa musa masa ba.

Kada ki yi wautar barin aikinki. Ba ke kika kashe zomon ba, rataya aka ba ki. Ki yi abin da aka sa ki, ki ci abinci, ki bar ni da ƙanwata. Amma ki sani, muddin ina numfashi hoton nan ba zai sake hawa titi ba.

Allah ya yi miki albarka.

Ummanki.

*

Auta,

Salam. Ina fatan kina lafiya, ya kasuwa? Rabonmu da haɗuwa tun rasuwar Mama, kuma ba ni kaɗai ce mai laifi ba.

Na ji an gano yarinyar tallan Auduga, ta amince a sake kafa hoton. Na duba ko'ina a gidana ban ga inda na amince ba, sai na ce to ke ce. Ki gaya mini wace yarinya kika ce musu ke ce, ta dama ko ta hagu, ko duka biyun?

Ki je ki janye, tun muna mu biyu.

Yayarki.

*

Zuwa ga Yayata abar alfaharina,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Gaisuwa mai tarin yawa da fatan alheri, da fatan wannan takarda za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, amin. Ya ƙafa, ya hutu, ya 'yata Mai Tawada? Wallahi da na ga rubutunki sai da na ce yau ko lafiya Yaya ta tuna da ni.

Haba Yaya! Ke fa ba kya canzawa, magana kamar sara. Ki tsaya ki ji. Ni ban je neman kowa ba. Hoton nan yana rataye a shagona tun ranar da na buɗe shi, a saman kantar mayuka. Wani yaro ma'aikacin kamfanin ya shigo sayen turare, ya gani, ya tambaya, 'yar da ke taya ni tsaron shago ta ce ai Madam ce. Kafin ka ce kwabo sun turo mota. Suka zaunar da ni a ofis mai sanyi, aka kawo shayi, manyan mutane suna cewa ni tarihi ce. Ni Auta! To me zan ce?

Ba zan ɓoye miki ba, duk unguwar nan 'Yar Sabulu ake ce mini, kuma kowa ya ɗauka ni ce a ɓangarorin biyu. Mace za ta shigo ta ɗaga kai ta ce, "Madam, da gaske haka kike da?" In yi murmushi in miƙa mata kwalba. Kasuwa ce, Yaya, kowa da kiwon da ya karɓe shi. Yanzu in aka ji mu biyu ne, da wane ido zan dubi matan nan?

Kuma abin da ya wuce ai ya wuce. Zamaninsu ne haka, ba don cin mutuncinki suka yi ba. Wa zai gane ki a hoton ma? Ke kin yi karatu, kin zama ungozoma, rabin garinku a hannunki aka haife su, ko'ina kika shiga ana tashi tsaye. Kina da 'ya. Ni aure bai zauna ba, ɗa babu. In kika cire hoton nan, me ya rage mini?

Don Allah, don darajar Mama, ki yi shiru. Rana ɗaya ce, a kira ni kan dandamali, a tafa, shi ke nan. Na ma ba da ɗinki.

Ki huta lafiya. Zan aiko miki da man zafi na ƙafa, mai kyau ne, daga waje ake kawo shi.

Ƙanwarki mai ƙaunarki har kullum,
Auta.

*

Auta,

Salam. Man ya iso, na gode. Yana da ƙamshi, ƙafar dai ba ta ji labari ba.

Kin ce ya wuce. Bari in gaya miki inda ya wuce ya tafi. Na yi rayuwata a ɗakin haihuwa. Uwa za ta sha wuya kamar ta mutu, in yanke cibiya, in goge jariri, in naɗe shi in fito da shi. Kafin kakar ta tambayi lafiyar 'yarta, sai ta kai hannu ta lanƙwasa kunnen jaririn ta duba bakinsa, don wai nan ake gane kalar da zai zama. In ta ga duhu sai ta ce, "To, Allah ya raya," kamar mai ta'aziyya. In mace ce har da ajiyar zuciya. Akwai wadda ta dubi jikarta ta ce, "Wannan sai an haɗa da Auduga," a gabana, ba ta san da wa take magana ba. Ba na cewa allonmu ne ya koya musu, amma shi ya rubuta musu shi da manyan baƙaƙe ya kafa a hanya.

Ni kaina, uwar wanda ya fara nemana ta zo ganina. Na kawo mata ruwa, ta bi hannuna da kallo, ta ajiye kofin ba ta sha ba. A makaranta in wani abu ya yi wari a aji, ni ake waiwayowa. Har yau sau biyu nake wanka ko da sanyi, ina kuma jin haushin kaina a kai. Ba ƙorafi nake ba, kin tambaya ne wa zai gane ni. Ni zan gane ni. Kuma akwai yara mata da za su bi ta ƙarƙashinsa da safe da jakar makaranta.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne fuskata kika rataye kina sayar da man bilicin. Shekara da shekaru ina yi miki tsaron shago ban sani ba. Tun a zaman makokin Mama na ga gaɓoɓin yatsunki sun yi baƙi, sauran hannun ja. Na san abin da ke sa haka, na yi shiru don kada a ce hassada ce. Yanzu na faɗa.

Na rubuta wa kamfanin. Ban ce kin yi ƙarya ba, ban ambaci shagonki ba. Na ce yaran biyu ne, ta hagun tana raye, kuma ba ta yarda ba. In kina so ki yi fushi, ki yi, ba yau aka fara ba.

Yayarki.

*

Zuwa ga Umma,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina fatan kina shan maganin kan lokaci ba sai kin ga dama ba.

Wasiƙarki ta yi aiki, amma ba yadda muka zata ba. Mutumin kamfanin ya zo da kansa, matashi ne mai fara'a. Ya ce sun gode ƙwarai, dama wasu a ofis suna tsoron surutun intanet. Sun yanke shawara a cire ɓangaren hagu gaba ɗaya, a goge maganar baƙi da fari, a bar yarinyar dama ita kaɗai. A ƙasa za a sa: "Fuskar da kuka sani." Ya ce zamani ya canza, kamfaninsu yana mutunta kowa. Bai ce a ba ki haƙuri ba, ni ma ban ce ni 'yarki ce ba.

Ni aka sa na yanke. Na ja layi a tsakiya, na danna, kika tafi. Na ɗauka zan ji daɗi, sai na ji kamar na kore ki daga ɗaki. Na tambaye shi ko a cikin tsofaffin tallan akwai inda baƙar yarinya take dariya da sabulu a hannu, mu sa a gefe. Ya ce tambaya mai kyau. Muka duba tare, babu ko ɗaya. Har na ƙasar masu kamfanin muka gani, can kuma ɗan fari ne yake cuɗa ɗan baƙi a baho. Ya rufe da sauri ya ce wannan ba na bugawa ba ne.

Sai maganar Inna Ƙarama. Ta zo ɗaukar sabon hoto, ta sauka wurina. Ba ta ambace ki ba, ni ma ban ɗauko ba. Ta zo da ɗinkinta a leda, ta rataye a ƙofa kada ya yamutse. Da safe na shiga da ruwan shayi kafin ta yi kwalliya. Umma, ban taɓa ganin fuskarta ba sai ranar. Kumatun sun yi baƙi kamar ƙuna, goshi ja, jijiyoyi duk a waje, a wuyanta akwai ƙurji da ta manna wa auduga. Ta ja ɗankwali ta kare, ta ce in ajiye in fita. Ta daɗe a gaban madubi har shayin ya huce.

Ta fita tana ƙamshi, tana tsokanata wai in shirya ganinta a talabijin. Kafin azahar ta dawo. Ta ninke kayanta, ta ce shago ba kowa, ta tafi tasha, ta ƙi in raka ta. Ta bar jakar kyautar da suka ba ta a bayan ƙofa, laima da kalanda a ciki. Na kira ta ba ta ɗauka.

An fara kafa allunan. Ki yi haƙuri in na yi shisshigi, amma ki neme ta.

'Yarki.

*

Yaya,

Salam. Ina fatan kina lafiya.

Na san Mai Tawada ta gaya miki na dawo da wuri. Kada ki ɗora wa kanki, ba wasiƙarki ba ce. Da na isa sun riga sun san mu biyu ne, dariya ma suka yi, suka ce dabarar mutanen da. Ko a jikinsu.

Suka zaunar da ni a gaban fitilu. Wata yarinya mai kwalliya ta ce za ta goge hodata ta sa tasu. Na ce a bari, ta ce ƙa'ida ce. Ta goge kunci ɗaya, sai hannunta ya tsaya. Ta ce tana zuwa. Na ga suna magana a bakin ƙofa su uku, suna leƙowa. Can babbansu ya zo ya durƙusa, Mama kaza, Mama kaza, ya ce sun sake tunani, tsohon hoton ya isa, kada a wahalar da ni. Ranar bikin wata ƙaramar yarinya za a sa wa irin rigar ta hau dandamali. Suka raka ni har mota da ladabi. Da rabin fuska na fito.

Kin ce kin ga yatsuna. Ina shekara goma sha uku na fara duhu, kin san lokacin ina yi wa Mama aike cikin rana. Matar mai shagon kan kwanar layinmu ta ce, "A'a, Bayan-Wanka, an fara komawa ne?" Mutane suka yi dariya. Ranar na fara da lemun tsami. Daga baya mai, daga mai sai haɗin mayuka. In na bari sati ɗaya sai in fi da duhu, sai in ƙara. Ke ana tsokanarki da abin da kike. Ni kullum tsoro nake kada a wayi gari a ce sabulun ya sake ni. Ban taɓa gaya miki ba don na ga kamar ni aka ba rigar, ba ni da bakin kuka.

Na je asibiti saboda ƙurjin wuyana da ya ƙi warkewa. Likita ya ce fatar ta yi siriri, ya ɗebi jini zai duba ƙoda. Ya ce in daina shafawa yau, ba gobe ba. Ya ce zan yi baƙi fiye da yadda Allah ya yi ni, kuma dabbare-dabbare, ba lallai ya daidaita ba. Na daina. Baƙin ya fara.

Na sauke hoton daga shago, na kwashe kwalaben cikin kwali, na rufe. A tasharmu sun kafa allon, babba, ta ƙarƙashinsa na wuce ranar da na dawo. Tana can sama tana dariya, 'yan dako suna shan inuwarta, ba wanda ya dube ni. Tun da na rufe shagon ban taka waje ba, maƙwabciya ke yi mini cefane.

Yaya, ban san yadda ake fita a haka ba. Ke kin sani. In na zo, za ki karɓe ni?

Auta.

*

Auta,

Wa alaikis salam. Ki taho. Na share ɗakin baya, na sa an gyara fanka. Ki zo da takardun likita, akwai wanda na sani a ɓangaren ƙoda.

Maganar fita babu wata dabara. Takalmi ake sawa a buɗe ƙofa. Za su kalla, wasu za su yi magana, ina gefenki, kin kuma san bakina.

Ki gaya mini motar da za ki shigo, zan zo tasha ko da sanda. Kada ki shafa komai. Zan gane ki.

Allah ya kawo ki lafiya.

Yayarki.